Tsadar Maganin Ciwon Daji a Ƙasar Funtuwa da Malumfashi

Ƙasar Funtuwa da Malumfashi ƙasa ce ta noma, ta yi suna wajen auduga da masara da dawa. Amma kuɗin manomi sau ɗaya sukan zo a shekara, watau da kaka, ciwon daji kuwa ba ya jiran kaka.

Hanyoyin maganinsa uku ne: fiɗa, da allurai masu kashe ƙwayoyin ciwon, da gashi da na'ura. Asibitocin waɗannan garuruwa ba su da na'urar gashi, don haka akan tura majiyyaci asibitin koyarwa na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Shika, a kan hanyar Zariya. A 2025 aka buɗe wata cibiya a asibitin koyarwa na tarayya da ke Katsina. Alluran kuwa yawanci daga ƙetare suke zuwa, shi ya sa suka ƙara tsada tun da darajar naira ta faɗi a 2023.

To, farashin allura ɗaya ne ga kowa, amma nauyinsa ba ɗaya ba ne. Ma'aikacin gwamnatin tarayya ya shiga inshorar lafiya tun 2005, ga albashi duk wata. Manomi kuwa daga aljihu yake biya, sa'an nan ga kuɗin mota, da masauki, da abincin mai jinya, gama gashi yakan ɗauki makonni. Sai ya sayar da hatsi yana araha, daga baya shanun huɗa, wani lokaci har gona. In kuɗi suka yanke aka bar magani a tsakiya, an yi hasarar dukiya da lafiya duka.

Mata sun fi shan wuya, domin ciwon nono da na bakin mahaifa su ne suka fi yawa, kuma kuɗin tafiya a hannun miji suke. Jinkiri yakan sa a isa asibiti ciwo ya yi nisa, magani ya ƙara tsada, amfaninsa ya ragu.

A 2021 gwamnatin tarayya ta soma tallafa wa marasa ƙarfi daga wani asusu na ciwon nono da na bakin mahaifa da na mafitsarar maza, Shika tana cikin asibitocinsa. A 2023 kuma aka fara rigakafin ciwon bakin mahaifa kyauta ga 'yan mata masu shekara 9 zuwa 14. Sai dai asusun bai ɗauke wa mutumin ƙauye kuɗin hanya da na masauki ba, su ne kuwa sukan fara tsai da shi.