Tsokar Bayan Hanci da Aikin Cire Ta

Daga cikin hikimomin da Allah Maɗaukakin Sarki ya ajiye a jikin ɗan Adam akwai wata 'yar tsoka a can ƙuryar hanci, bisa ganɗa, wadda likitoci ke kira adinoyid, aikinta kuwa tare ƙwayoyin cutar da ke shigowa da iska tun jikin yaro bai ƙware da yaƙarsu ba. Takan yi ta girma har yaro ya kai shekara 5 zuwa 7, sa'an nan ta soma motsewa, kafin balaga galibi ta kusa ɓacewa.

Sai dai idan mura ta yawaita, tsokar nan takan kumbura ta toshe hanyar numfashi, yaro ya riƙa kwana baki buɗe, yana minshari, numfashinsa na ɗaukewa cikin barci, har ya wayi gari a gajiye. Kuma da yake tana maƙwabtaka da 'yar hanyar da ta haɗa kunne da maƙogwaro, sai ruwa ya taru bayan dodon kunne, ji ya ragu. Irin wannan yaro shi ne akan zarga da daƙiƙanci ko taurin kai a gida da makaranta, alhali kuwa lalura ce ta hana shi jin karatu, laifin da ba nasa ba ake ɗora masa.

Wanda ya fara bayyana wannan illa shi ne Wilhelm Meyer, likita a birnin Kofanhagan na ƙasar Danmak, wanda a 1867 ya cire wa wata budurwa mai fama da kurumta wannan tsoka, jinta ya dawo, ya kuma wallafa bayaninsa a 1868. A yau ta baki ake aikin, bayan an sa yaro barci, cikin kimanin rabin sa'a, babu tabo a waje, galibi kuma a sallame shi a ranar ko washegari. Ba kowane kumburi ke bukatar fiɗa ba, domin likita yakan fara jarraba maganin fesawa a hanci, sai abin ya gagara ya yanke hukuncin cirewa, yana kiyaye zubar jini, wanda shi ne babban abin tsoro.

Wajibi ne a faɗakar da iyaye cewa wannan tsoka daban take da belun da wanzamai ke yankewa. Ba a ma ganinta ta buɗe baki, sai da hoto ko 'yar kyamarar da ake zurawa ta hanci, saboda haka askar wanzami ba ta kai gare ta, sai dai ta jawo zubar jini da shigar cuta. 'Ya'ya amana ce da za a tambaye mu a kanta, kuma haƙƙin yaron da ke minshari kullum, ko ake kira bai amsa ba, shi ne a kai shi ga likitan kunne da hanci da maƙogwaro kafin a ɗaga masa bulala.