Gizo-Gizo Mai Mataji a Ƙafa

Manomi a Gulma, ƙasar Argungu, in ya ga saƙa a ƙarƙashin rumbu, sai ya ce ta gizo-gizo ce, ko ta tautau, shi ke nan. Masana halittu kuwa ƙafa suke dubawa. Akwai dangin da Sundevall ya raɗa wa suna Theridiidae a 1833, watau masu jerin gashi kamar mataji a ƙafafun baya, wanda da shi suke naɗe ƙwaro cikin zare mai danƙo. Cikinsu akwai Latrodectus geometricus, wanda Koch ya bayyana a 1841, ya kuma bazu a ƙasashe masu zafi. Shaidarsa ja-jan tambari mai siffar kalangu a ƙarƙashin ciki, da jakar ƙwai mai tsini-tsini. Macen tana da dafi. Ashe rarrabewar nan ita ke gaya wa mai sharar rumbu inda zai janye hannunsa.