Tarwaɗa da Zuma da Barkono

Uwargida, an dawo gona a gajiye, ga magariba ta gabato? Ga girki mai sauri.

Tarwaɗar kogin Haɗeja tana zuwa kasuwannin Dutse. Ki zaɓi ɗanya marar wari. Ki wanke ta da toka don santsin ya fita. Ki yanka gunduwa-gunduwa, ki sa gishiri.

Ki haɗa zuma cokali 2 da dakakken barkono, citta, tafarnuwa da ruwan lemon tsami.

Ki soya kifin da man gyaɗa, kowane gefe minti 5. Sai ki rage wuta, ki zuba haɗin, ya yi minti 2. Zuma ba ta son wuta mai ƙarfi. In ta ƙone ɗaci take yi, kuɗin kifi ya tafi a banza.

A ci da shinkafa. Amma kada a ba jaririn da bai shekara ba zuma.