Me Ya Sa Ake Takawa Zuwa Machu Picchu?

Jirgin ƙasa na kai mutum gindin Machu Picchu, a ƙasar Peru, cikin 'yan sa'o'i. To, me ya sa wasu ke zaɓar tafiyar ƙafa ta kwana huɗu, kimanin kilomita 43? Domin hanyar da kanta kufai ce: Inkawa, tsoffin mazauna yankin, su ne suka shimfiɗa duwatsunta, kuma tsoffin gine-gine irin su Wiñay Wayna sai mai takawa ke ganinsu. Masu cewa wahalar ta yi yawa suna da hujja, don akwai mashigin dutse mai tsayin mita 4,215 inda numfashi ke ƙaranci. Amma maganinsa kwana biyu ko uku a birnin Cusco kafin tashi, jiki ya saba. Ƙorafin cewa ƙafafu na cinye duwatsun ya fi nauyi. Shi ya sa gwamnati ta taƙaita shiga ga mutum 500 a rana, har da 'yan dako, tana kuma rufe hanyar duk Fabrairu.