Ɗaurin Goyo da Ɗaurin Boris

Yarinyar da aka fara bai wa goyon ƙaninta, ta hanya biyu take kuskurewa. Ko dai tsoron kada ya suɓuce ya sa ta ja zane ta tamke, yaro ya hau gumi yana mutsu-mutsu, ko kuwa tausayi ya sa ta sassauta, kafin ta kai bakin zaure ya zame zuwa ƙugu kansa yana reto. Uwa ba ta yi mata dogon bayani. Sai ta ce, "Zo nan, sunkuya." Ta gyara wa yaro zama, ta ja zanen tana ɗan jijjiga shi don ya zauna daram, ta soke, ta kawo majanyi ta tallafo ƙasansa ta ƙulle a gaba. Sannan ta zura yatsa biyu tsakanin zanen da bayan yaron. In sun shiga da ɗan matsi, goyo ya yi. In sun ƙi shiga, ko hannu duka ya shige, a kwance a sake.

Wanda ya taɓa tsayawa ya kalli wannan ya riga ya san abin da ya fi wuya a canza boris ɗin tayar baya na Golf 3, motar da Volkswagen ya fito da ita a 1991 kuma har yau take jigilar mutane daga tasha zuwa tasha a Arewa. Boris ɗin nan shi ke goye da mota. Nauyin bayanta, da fasinja huɗun da aka jera a kujerar baya, da buhunan da aka cusa a but aka ɗaure murfinsa da igiya, duk a kan wasu 'yan ƙarafa suke sauka waɗanda ba su kai kaurin fensir ba. Kuma ba a zaune suke ɗaukar kayan ba. Ƙaramar taya irin ta Golf kan juya wajen sau 900 a minti ɗaya in ana gudun kilomita 100 a awa, ka ga daga Kano zuwa Kaduna ta juya fiye da sau 120,000.

Kowace ƙafar baya boris biyu gare ta, babba a ciki, ƙarami a waje, suna zaune a cikin duram ɗin birki suna fuskantar juna. 'Ya'yansu ba masu siffar ƙwallo ba ne, dogaye ne masu ɗan tsukewa a gefe ɗaya, kuma kowane boris yana da zoben da yake gudu a cikinsa. Wani maƙerin keken doki a Amurka, Henry Timken, shi ya yi wa wannan fasali rajista a 1898, don ƙafa ta jure nauyin da ke danno ta daga sama da wanda ke turo ta daga gefe in an sha kwana. Sai dai fasalin ya zo da sharaɗi. Noti guda ne ke matso boris biyun kusa da juna, kuma hannun mai ɗaurawa ne ke yanke iyakar matsin.

Kafin a taɓa sifana, sai an saurari kuka. Uwa tana bambanta kukan yunwa da na zafi ba tare da ta waiwaya ba, direban da ya san motarsa ma haka ya kamata ya zama. Kukan boris gurnani ne mai kauri daga baya, wanda ke ƙaruwa da gudun mota. Bai damu da inji ba: ka taka kuloci ko ka canza giya, yana nan yadda yake. A kan titin da ba kowa, ka ɗan karkata sitiyari hagu da dama a hankali. Karkatawa hagu tana jefa nauyi a ƙafar dama, in gurnanin ya ƙaru a lokacin, galibi ƙafar dama ce. Amma tayar da ta ci gefe ɗaya ita ma tana irin wannan kuka, kuma an sha zubar da boris mai lafiya saboda ita. Don haka a ɗaga ƙafar, a juya ta da hannu ɗaya, ɗaya hannun yana kan sifirin. In boris ya ci, za ka ji ɓarzar a tafinka kafin kunnenka ya ji. Sannan ka kama tayar sama da ƙasa ka girgiza.

Wajen saye nake roƙon mutane kada su yi tsimi. A Ƙofar Ruwa ta Kano ko Fanteka ta Kaduna za a ɗora maka iri uku ko huɗu a kan kanta, wasu da sunan SKF, wasu FAG, wasu Koyo. Sunayen na kamfanonin kirki ne, shi ya sa ma masu jabu suke buga su a kwali. Ka je wurin mai shagon da zai ji kunyar ganinka in kayansa ya ba da kai. Ka karɓi cikakken saiti na ƙafa ɗaya: boris biyu da zobensu, da sil ɗin roba da ke tare giris ta ciki, da sabon fin mai ƙafa biyu, da hula. Kayan Beljiyam suna da ranarsu a ƙofa da fitila da kujera, amma boris ɗin da ya riga ya gaji a jikin wata mota ba abin ɗora iyali a kai ba ne.

Wurin aiki ya zama ƙasa mai tauri, shimfiɗaɗɗiya. A nan akwai abin da mutane ke mantawa: birkin hannu ƙafafun baya yake kamawa, dole a sake shi kafin duram ya fito. Ke nan babu abin da ke riƙe da motar sai giya ta ɗaya da abin da ka tokare tayoyin gaba da shi, gaba da baya. Ka sassauta kusoshin taya huɗun da sifana lamba 17 tun mota tana ƙasa, sannan ka ɗaga. Jak na ɗagawa ne kawai. A samo ƙafar ƙarfe ko kututturen icce mai ƙwari a ɗora motar a kai, a tura tayar da aka cire ƙarƙashinta. Bulon siminti kuwa ko kusa, yakan farfashe lokaci guda ba tare da ya ba da sanarwa ba. A kuma kori yara daga wajen, domin su ne ke son leƙa ƙarƙashin mota.

Kwancewa ba ta da wuya. A ɓamɓare hula a hankali, a miƙe ƙafafun fin da filaya a zare shi, a cire ɗan murfin nan mai haƙora da ke kan noti, a kwance noti da sifana lamba 24, sai washa mai ɗan harshe, sai ƙaramin boris ya faɗo hannunka. A jera su a kan tsumma mai tsabta yadda suka fito. In duram ya ƙi fitowa, kada a hau shi da guduma. Birkin Golf yana da wani ƙarfe mai kama da ƙaramin gatari da ke buɗe shu ɗin birki yayin da suke cinyewa. Ka juya duram har ɗaya daga cikin ramukan kusoshin taya ya zo daidai da shi, ka zura sukudireba ka ɗaga shi sama, shu za su koma ciki, duram ya zamo da kansa. Baƙar ƙurar da za ka tarar kada ka hure ta da baki. Tsofaffin shu da wasu masu arha suna ɗauke da asbestos, mai illa ga huhu. Jiƙaƙƙen tsumma ya isa.

Ka duba sandar da boris ke zama a kanta. In ta yi shuɗi-shuɗi alamar ƙuna, ko farce yana kamawa a jikinta, ita ma ta tashi aiki, kuma kusoshi huɗu ne kawai ke riƙe da ita.

Zobban da ke cikin duram su ne inda ganda ke shigowa. Mutum ya duba ya ga suna sheƙi, ya ce ai lafiyarsu lau, ya zura sabon boris a tsohon zobe. Tsohon zobe ya riga ya ci daidai da 'ya'yan da ya rayu da su, sababbi ba za su kwanta a kansa daidai ba, ba da jimawa ba kukan zai dawo. A cikin ramin duram akwai 'yan tsagu da aka bari don a sa dogon ƙarfe a bugo zobe ta baya, bugu ɗaya nan, ɗaya can, har ya fito a miƙe. Sabon kuma a ɗora tsohon a kansa a riƙa bugawa a kewaye. Kunne zai gaya maka ya zauna: ƙarar tana tashi daga ƙwal-ƙwal ta koma dum. Guduma ba ta taɓa 'ya'yan boris ko sau ɗaya.

Sai giris. A wanke ramin da kananzir a bar shi ya bushe, a wanke hannu. Ka ɗebi giris ɗin boris a tafin hagu, ka riƙa dangwala faffaɗan bakin boris ɗin kana dannawa, kana juyawa, har giris ya ɓullo ta ɗaya gefen tsakanin kowane ɗa da ɗan'uwansa. Shafa ta waje ba ta wadatarwa. Babban boris ya shiga, sil ya bi bayansa, a shafa wa leɓensa giris kaɗan. Kada ɗigo ɗaya ya taɓa shu ko cikin duram inda birki ke kamawa. A nan ne gida ya fi bakin titi. A lokacin hunturu, boris ɗin da aka cika da giris aka ajiye a ƙasa na minti ɗaya ya riga ya kwashi yashin da zai cinye shi. A gida kana da tabarma, kana da inuwa, kana da kwanon rufewa, kuma babu motoci biyar a bayanka masu su suna duba agogo.

Yanzu aka zo ɗaurin. Duram ya koma, ƙaramin boris, washa, noti. Ka riƙa ɗaure noti da hannu ɗaya kana juya duram da ɗayan, kamar yadda uwa ke jijjiga yaro tana jan zane, don 'ya'yan su sami mazauninsu. In ka ji ya kama, ka tsaya. Ka kwance shi baya har ya saki. Sannan ka sake matso shi a hankali, kaɗan-kaɗan, kana gwada washar nan da bakin sukudireba. Ma'aunin da masu ƙera motar suka bayar ke nan: washa ta iya motsawa gefe in ka tura ta da ƙarfin yatsa kawai, ba tare da ka murɗa sukudireba ko ka jingina shi da wani abu ka banƙara ba. Yatsa biyun uwa ke nan. In washa ta ƙi motsi, ka matse da yawa. In tana yawo da kanta, ka saki da yawa.

Abin da ke sa na dage a nan shi ne, kuskuren da ya fi yawa na masu kyakkyawar niyya ne. Yaron gareji da ke son a yaba masa, ko mai mota da ke tsoron kada taya ta fice, sai ya zura bututu a sifana ya hau da ƙafa. A ganinsa tsaro ya ƙara. Amma ƙarfe yana kumbura in ya ɗau zafi, kuma boris ɗin da ba a bar masa wurin numfashi ba zai matse giris ya fitar, ya yi zafi, ya ƙara matsewa, ya ƙara zafi, har ya narke ya manne da sandar. Ƙafar da ta cije ana tsakiyar gudu da mutum bakwai a mota ba ƙaramar musiba ba ce. Sakin da ya yi yawa shi ma yana da nasa sharrin, taya tana rawa, 'ya'yan boris suna dukan zobe a kowane rami, sil ya buɗe giris ya zubo kan birki. Tsofaffin makanikai da suka ƙware sun san wannan sarai, za ka ga maigida ya bar wa yara duk aikin amma ya taso da kansa in an zo notin nan.

Noti da aka bari sako-sako haka, me zai hana shi kwancewa? Aikin fin ke nan, shi ne ƙullin majanyi. Ka ɗora murfin mai haƙora yadda tsagarsa za ta dace da ramin sandar ba tare da ka motsa noti ba. In ba ta dace ba, murfin za ka ɗaga ka juya. Ka zura sabon fin ka lanƙwasa ƙafafunsa. Ƙusa ko guntuwar waya ba sa maye gurbinsa, tsohon fin kuma ya riga ya gaji a inda aka lanƙwasa shi. Hula ta koma da ɗan giris a cikinta. In ta lotse har ba ta kama da kyau, a sa sabuwa, don ita kaɗai ce tsakanin boris da ƙura da ruwan damina.

Wajibi ne in ja kunne a kan abu ɗaya: wannan ɗauri na Golf 3 ne da tsofaffin motoci masu irin fasalinsa. Daga Golf 4, da ya fito a 1997, boris ɗin baya a rufe yake zuwa, an cika shi da giris an daidaita shi tun daga masana'anta, kuma notinsa so yake a ɗaure shi tamau da sifana mai awo, daidai adadin da littafin motar ya faɗa. Wanda ya kai masa dabarar washa ya kashe shi. Toyota Corolla na shekarun 2000 kuwa dunƙule guda ake cirewa da kusoshi huɗu, a kula da wayar ABS kada a tsinke ta. Akwai kuma irin Peugeot 206, da ake danna boris cikin duram da injin matsa. Wannan ka cire duram ɗin ka kai wa mai injin, kada ka gwada da guduma.

Taya ta koma, mota ta sauka, a ɗaure kusoshi a gicciye, awonsu Nm 110. Kafin ka motsa, ka taka birki da ƙarfi sau da yawa har ya yi tauri, don ƙarfen nan da ka ɗaga ya koma wurinsa ya buɗe shu. Ka yi 'yar tafiya ba tare da yawan taka birki ba, ka tsaya, ka kai bayan hannu kusa da hula. Ɗumi ba laifi ba ne, amma in ta fi ta ɗaya ƙafar zafi sosai, a koma a sassauta. Bayan 'yan kwanaki ana hawa, ka sake ɗaga ƙafar ka girgiza, don sabon zobe yakan ƙara zama kaɗan. Tunda jak yana hannu, ka zaga ɗaya gefen ka buɗe hularsa ka ga launin giris ɗin, domin ramukan da wannan ƙafar ta faɗa, tare suka faɗa su.