Mai Tsara Fage a Harkar Silima: Aikinsa da Matsayinsa a Fim na Hausa

Manufar wannan takarda ita ce jawo hankalin masu nazari zuwa ga wani ma'aikaci da ba a cika ambatonsa ba idan ana zancen silima, watau mai tsara fage. Shi ne ke da alhakin duk abin da ido zai gani a bayan ɗan wasa: ɗaki, da kayan ɗaki, da launin bango, har da irin tabarmar da za a shimfiɗa. Shi da mai ba da umarni da mai ɗaukar hoto ne ke yanke kamannin fim tun ba a kunna kyamara ba. A Amurka aka fara ba wannan aiki suna na kansa, lokacin da aka karrama William Cameron Menzies da shi a fim ɗin Gone with the Wind na 1939.

Aikin yana farawa ne da karatu. Mai tsara fage zai bi labari fitowa-fitowa, ya zana kowane wuri, ya ƙiyasta kuɗi, sa'an nan ya tara magina da kafintoci da masu fenti. Galibi ta hanyar zama yaron wani ake shiga sana'ar, ko da yake akwai makarantar koyon fim a Jos. A Nijeriya marigayi Pat Nebo, wanda ya rasu a 2023, ya yi suna a wannan fanni da fina-finai irin su October 1 na 2014.

Inda aikin ya fi nauyi shi ne fim na tarihi. Alal misali, a ce za a shirya fim a kan Wurno, ribaɗin da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya kafa, inda kuma ya rasu a 1837. Garin yana nan, amma ba shi ne Wurnon wancan zamani ba. Dole a kauce wa rufin kwano da bulo da turakun lantarki, a nemi ginin tubali da azara, a kawo tulu da ƙwarya da akushi a madadin roba, a nemi saƙi a bar yadin kanti. Kogin Rima ma ya sauya hali tun da aka gama madatsar Goronyo a 1984. To, ina mai tsara fage zai samo kamannin garin? Sai ya karanta bayanin Barth, wanda ya sauka Wurno a 1853 zamanin Aliyu Babba, ya kuma zauna da tsofaffin magina. A ganina wannan bincike ne sosai, bai gaza na malamin tarihi ba, domin mai kallo yakan ɗauki abin da ya gani a majigi a matsayin gaskiya, ko da kuskure ne.

Shaihu Umar na Adamu Halilu, wanda aka yi a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, ya fuskanci irin wannan jarrabawa, tun da labarinsa na zamanin bauta ne da ayarin hamada. Amma daga Turmin Danya na 1990, fim na Hausa ya koma bidiyo mai ƙaramin jari. Nan sai aron gida ko hayarsa ya maye gurbin gina fage, aka raba aikin tsakanin mai kula da shiri da duk wanda ke kusa. Shi ya sa sau da yawa za a ga falo ɗaya ya zama gidan attajiri a wannan fim, gidan malamin makaranta a wancan, ba a ko sauya labule ba.