Sensar Totur: Gane Lalacewarta da Sauya Ta a Motocin Manchester da Birmingham

[SAUTI: injin mota yana sulo, yana hawa yana sauka]

MAI GABATARWA:

Sensar totur wata 'yar na'ura ce da ba ta kai girman kwalin ashana biyu ba, wadda take manne a maƙogwaron da iska ke bi ta shiga injin mota mai amfani da fetur. A cikin maƙogwaron akwai wani faifan ƙarfe da ke juyawa a kan sanda. Idan direba ya taka totur, faifan ya buɗe, iska ta shiga. Idan ya ɗaga ƙafa, ya rufe. Aikin sensar shi ne ta riƙa sanar da kwamfutar mota, wadda makanikai ke kira ƙwaƙwalwa, iya buɗewar faifan da kuma saurin da ya buɗe. A takardun gareji ana rubuta sunanta da haruffa uku, TPS.

Injin fetur yana buƙatar kusan kashi 14.7 na iska ga kowane kashi 1 na mai, bisa nauyi. Da zarar faifan ya buɗe, iska na kwararowa nan take, don haka dole ƙwaƙwalwa ta ƙara mai a daidai wannan lokaci. Da labarin sensar totur take yin hakan. Da shi kuma take yanke mai idan direba ya saki totur a gangara, sannan a mota mai giyar otomatik, da shi ake tsai da lokacin sauya giya.

Biranen Manchester da Birmingham sun ga kowane mataki na tarihin wannan sashe na mota. A 1911 kamfanin Ford ya fara harhaɗa Model T a Trafford Park da ke Manchester, kuma toturta wani hannu ne a jikin sitiyari, ba a ƙafa yake ba. A Birmingham, inda Herbert Austin ya kafa masana'antar Longbridge a 1905, kamfanin SU ya shafe shekaru da dama yana ƙera kafireto, kamfanin Lucas kuma yana ƙera kayan wutar mota. Kafireto da kansa yake haɗa iska da mai, ba ruwansa da sensa. Amma daga Janairun 1993, ƙa'idar hayaƙi ta Euro 1 ta sa kusan kowace sabuwar motar fetur ta ɗauki matatar hayaƙi a salansa, wadda ba ta jure mai da ba a auna shi daidai ba. Nan kafireto ya kau, injekta da ƙwaƙwalwa suka maye gurbinsa, sensar totur ta zama dole.

[KIƊA: gajere]

Sensar iri biyu ce. Tsohon samfuri yana da wayoyi uku: ɗaya tana kawo wuta mai ƙarfin bolt 5 daga ƙwaƙwalwa, ɗaya ta ƙasa ce, ta ukun kuma ita ke mayar da saƙo. A ciki akwai wani siririn harshen ƙarfe da ke goga a kan zanen gawayi. Idan faifai a rufe yake, saƙon yakan tsaya wajen rabin bolt. Idan ya buɗe gaba ɗaya, ya kai wajen bolt 4.5. Ginin ɗaya ne da na maɓallin ƙara murya a tsohuwar rediyo, wanda idan ya tsufa yakan yi ƙarar ƙaiƙayi a daidai wurin da aka fi murɗa shi. Sabon samfuri kuwa da maganaɗisu yake aiki, babu abin da ke gogar wani, shi ya sa ya fi daɗewa.

Akwai kuma bambancin yadda ƙafa ke isa ga faifan. A tsofaffin motoci kebul ne ke ja. A na zamani an cire kebul ɗin, tsarin da BMW ta fara sakawa a manyan motocinta a ƙarshen shekarun 1980. Yanzu akwai sensa a jikin totur na ƙafa, ita ke faɗa wa ƙwaƙwalwa abin da direba ke so, ƙwaƙwalwa kuma ta umarci wani ɗan ƙaramin injin lantarki ya juya faifan. A irin wannan tsari sensa biyu ake sakawa a maƙogwaro, kowace tana zama shaida a kan 'yar'uwarta. Idan maganarsu ta saɓa, ƙwaƙwalwa ba ta yarda da ko ɗaya ba, sai ta rage ƙarfin injin, motar ta koma tafiyar ɗingishi. A motocin dizal, mai ne ke tsai da ƙarfin injin, don haka sensar ƙafa ce ta fi muhimmanci.

Yanayin waɗannan birane biyu yana taimaka wa lalacewar ta hanya biyu. Na farko cunkoso. Direban tasi ko mai kai saƙo da ke yini a titin Stratford Road na Birmingham ko Wilmslow Road na Manchester, taka-saki yake yi a ɗan ƙaramin wuri na farkon totur, nan ne kuma zanen gawayin ke fara cinyewa. Na biyu danshi. Ga yawan ruwan sama, ga gishirin da ake watsawa a tituna lokacin hunturu, wanda ake haƙo mai yawa daga cikinsa a Winsford da ke Cheshire. Ruwan gishiri idan ya samu hanyar shiga soket, sai haƙoransa su yi tsatsa kore, saƙo ya raunana, alhali sensar lafiyarta ƙalau.

Alamomin sanannu ne. Mota ta yi jinkiri ko ta shaƙe idan aka taka totur. Ta riƙa fizga a tafiya madaidaiciya. Sulo ya ƙi tsayawa wuri guda, ko injin ya mutu a danja. Giyar otomatik ta shiga da duka ko ta makara. Shan mai ya ƙaru. Fitilar injin mai ruwan ɗorawa ta kunnu a gaban direba. Mafi haɗari shi ne ƙarfi ya yanke a babban titi irin M6 da ke haɗa yankunan biyu, musamman a sassan da aka mayar da kafaɗar titi ta zama layin tafiya. A irin wannan hali ƙa'ida ita ce a koma layin hagu, a nemi mafita ko wurin tsayawar gaggawa, a kunna fitilun gargaɗi.

[SAUTI: ƙarar na'urar bincike]

Sai dai duk waɗannan alamomi ba na sensar totur kaɗai ba ne. Dattin baƙin hayaƙi a bakin faifai yana kawo su. Tsagewar robar iska tana kawo su. Haka ma sensar auna iska, da koyil, da filogi. Wannan ne dalilin da ya sa awo ke gaba da saye.

Matakin farko shi ne karanta lambar matsala. Motocin fetur da aka sayar a Tarayyar Turai daga 2001, da na dizal daga 2004, suna da soket mai haƙora 16, galibi a ƙarƙashin sitiyari, inda ake jona na'urar bincike. Lambar P0120 tana nufin matsala a layin sensar. P0121 tana nufin saƙon bai dace da abin da sauran sensoshi ke faɗa ba. P0122, saƙon ya yi ƙasa da yawa. P0123, ya yi sama da yawa. P0124, yana ɗaukewa yana dawowa. P2135 kuwa tana nufin tagwayen sensoshin nan sun saɓa wa juna. Abin lura a nan shi ne, lambar layi take nunawa, ba ta ce ga abin da ya mutu ba. Layin ya haɗa da sensa, da soket, da wayoyi, da ita kanta ƙwaƙwalwar.

Mataki na biyu na ido ne da hannu. A cire soket a duba tsatsa, ruwa ko haƙorin da ya lanƙwashe. A bi waya a ga inda ta gogi ƙarfe ko ta ji zafin injin. A cire robar iska a leƙa faifan, idan ya yi baƙi a wanke shi da man wankin da aka yi don haka. A mota mai totur na lantarki, ba a sa yatsa cikin maƙogwaro alhali makulli na kunne, domin faifan na iya rufewa da ƙarfin da zai ji wa mutum ciwo.

Mataki na uku shi ne awo. Ana kunna makulli ba tare da tayar da injin ba, a sa mita a bayan soket. Da farko a tabbatar da bolt 5 a wayar wuta. Idan babu, laifin ba na sensar ba ne. Sau da yawa wannan layi na bolt 5 na tarayya ne da wasu sensoshi, ɗaya ta ƙone ta ja sauran ƙasa. Sai a tabbatar wayar ƙasa tana kamawa da kyau. Daga nan a koma wayar saƙo, a buɗe faifan sannu a hankali daga rufe har ƙarshe, a sake dawo da shi. Lafiyayyar sensa lambarta hawa take a jere, ba tsalle, ba faɗuwa. Wadda ta cinye kuwa, a wani wuri lambar za ta faɗi ko ta yi tsalle, sannan ta dawo. Wani lokaci ɗaukewar tana da saurin da mita ba ta kamawa, shi ya sa masu aikin wutar mota, waɗanda a Kano da Kaduna ake ce wa rewaya, ke amfani da na'urar da ke zana saƙon a allo. A ƙarshe a girgiza wayoyin ana kallon lambar. Idan ta motsa alhali ba a taɓa totur ba, matsalar a waya take ko a soket.

[KIƊA: gajere]

Idan awo ya tabbatar da laifin sensar, sai maganar sauyawa. A Birtaniya, shagunan kayan mota irin su Euro Car Parts da Halfords da lambar rajistar mota suke nemo kayan da ya dace. Duk da haka, gwada lambar da ke jikin tsohuwar da ta sabuwar ya fi tabbas, domin mota samfuri ɗaya kan zo da maƙogwaro iri biyu. Kayan sanannun kamfanoni irin su Bosch da Denso da Delphi sun fi tsada, amma sensar da ba a san asalinta ba tana iya ba da saƙon da ya kauce tun ranar farko.

A mota mai kebul aikin bai da yawa. A kashe makulli, a cire kan batir mai alamar ragi, bayan an tabbatar akwai lambar buɗe rediyo idan motar na neman ta. A zare soket, a kwance sukurori biyu, waɗanda galibi masu kan tauraro ne kuma suna saurin lalacewa idan sukudireba bai zauna daidai ba. A lura da yadda bakin sanda ke shiga cikin sensar, a zaunar da sabuwar haka nan ba tare da tilastawa ba. Idan ramukan sukurorin dogaye ne, alama ce ta cewa ana saita ta: a ɗaure sama-sama, a mayar da batir, a juya sensar kaɗan-kaɗan har mita ta nuna adadin da littafin motar ya faɗa, sannan a ƙarasa ɗaurewa.

A mota mai totur na lantarki, yawanci sensar a rufe take cikin maƙogwaron, ba a sayar da ita ita kaɗai. Dukkan maƙogwaron ake sauyawa, tare da sabon gasket, domin tsohon kan bar iska ta sata. Wasu suna da robobin ruwan sanyaya injin a jikinsu, don haka sai injin ya huce ake taɓa su. Bayan ɗaurawa dole ƙwaƙwalwa ta koyi sabon wurin rufewa da buɗewa. Wasu motoci da kansu suke koya idan aka bar makulli a kunne na ɗan lokaci. Da yawa daga motocin Volkswagen da Audi da Skoda da na'urar bincike ake yi musu. Wasu na Nissan kuma suna da tsarin taka totur da kunna makulli a ƙidaye. Tsallake wannan mataki shi ke sa sabon kaya ya bar mota da sulo mai hawa da sauka.

Akwai dalilin doka da ke hana a zauna da wannan matsala a Ingila. Kusan duk motar da ta kai shekara 3 sai ta yi gwajin MOT kowace shekara, wanda hukumar DVSA ke kula da shi, kuma kuɗinsa ba ya wuce fam 54.85 ga ƙaramar mota. Tun daga 20 ga Mayun 2018, fitilar injin da ta ƙi mutuwa babban aibi ce da ke kayar da mota, ga na fetur da aka fara hawa daga Yulin 2003, da na dizal daga Yulin 2008. Cire ƙwan fitilar ba dabara ba ce, domin mai gwaji yana duba ta kunnu da makulli sannan ta mutu bayan injin ya tashi. Shi kuwa harajin fam 8 a rana da Birmingham ta fara karɓa a tsakiyar gari daga 14 ga Yunin 2021, da ajin hayaƙin da aka ƙera motar a kai ake lissafa shi, gyaran sensa ba ya ƙara shi ba ya rage shi.

Aikin yana kammala ne da gwaji. A goge tsofaffin lambobi, a tayar da injin har ya yi zafi, a saurari sulo. A fita da motar cikin gari da kuma buɗaɗɗen titi, na'ura tana jone, wani na kallon saƙon totur yayin da direba ke tuƙi. A dawo a sake karantawa. Wasu lambobin ba sa bayyana sai bayan tafiya ta biyu, don haka ana so a sake dubawa bayan kwana ɗaya ko biyu. Ga wanda ya kai motarsa gareji, yana da kyau ya nemi a rubuta masa lambar da aka gani, da awon da aka yi, da farashi kafin a fara aiki, ya kuma karɓi rasit da tsohon kayan. Dokar kare haƙƙin masu saye ta 2015 ta wajabta wa gareji yin aiki da kulawa da ƙwarewa, kuma idan aka kasa, mai mota na da haƙƙin a sake gyaran ba tare da ƙarin kuɗi ba, ko a rage masa farashi.